Telan da Ya Cire Muryar Abokinsa

Na ga tun ɗazu kana ta fama da bidiyon sunan nan, kana yanke duk inda kakarka ta sa baki, wai surutunta ya ɓata ɗauka. Ajiye wayar tukuna, in ba ka misalin wani tela da wani direba.

Unguwa ɗaya suka tashi, tare suka koyi harbin tsuntsu da danƙo a bayan gari. Da girma ya zo, neman abinci ya raba su. Telan ya zauna a shagonsa, direban ya koma wani gari yana jan motar kaya. Abin da ya rage yana haɗa su shi ne wasan harbi na intanet. Duk Lahadi bayan la'asar telan zai rufe keken ɗinki ya kunna na'urar wasa a ƙuryar shago, direban ya kunna tsohuwar kwamfutarsa can inda yake, kowa ya maƙala abin magana a kunne, su shiga fage a matsayin sojoji biyu na runduna ɗaya. Telan gwani ne, idon da ya saba da kafar allura ba ya kuskuren saiti. Direban kuwa, Allah na tuba, ko katanga aka ce ya harba sai ya sami sama. Amma fa akwai baki. Daga shiga har fita ba ya shiru. Ya ba da labarin ramukan hanya, ya kwaikwayi 'yan kamasho, ya tsokani telan da sunan da ake kiransa suna yara, in aka kashe shi kuma ya ƙyalƙyale da wata dariya mai kama da tsohuwar mota ta ƙi tashi. Ta bayansa kana jin carar zakara da ƙarar turmi, kana jin matarsa tana cewa abinci zai huce. Rana ba ta taɓa saurin faɗuwa kamar a irin wannan yammaci ba.

Wasan yana da wata dabara. Duk sanda ka kayar da abokin gaba, shi da kansa zai ɗauki bidiyon ɗan abin da ya faru kafin harbin da bayansa ya ajiye maka, ba sai ka taɓa komai ba. Telan yana son ya riƙa nuna wa mutane gwanintarsa, amma duk guntun da ya buɗe sai ya tarar da abokinsa a ciki yana zancen tayar da ta fashe masa a daji. Abin ya ishe shi. Sai ya shiga inda ake saita wasan ya kashe ɗaukar muryar abokan wasa, ya bi tsofaffin masu surutu ya goge su kaf. Daga ranar bidiyoyinsa suka riƙa fitowa tas, ƙarar bindiga da takun sawu da faɗuwar abokin gaba, mutane suna ta yabawa. Ba mugunta ce ta sa shi ba. Muryar tana zuwa masa a kunne duk mako kyauta, wa zai tsaya cika randa alhali rafi yana bi ta ƙofar gidansa? Haka suka ɗauki shekaru, ma'ajiyar na'urar tana ta cika.

Wata damina motar direban ta ƙwace a kan gada, Allah ya yi masa cikawa, ko wayarsa ba a gani ba. Bayan zaman makoki mahaifiyarsa ta aika aka kira telan. Tsohuwa ce, idonta ya tafi, hotunan da ake miƙo mata sai dai ta shafa da hannu. Ɗan nata kuma bai taɓa yarda da saƙon murya ba, kira yake yi, saboda haka ba wanda ke da maganarsa a ajiye. Ta ce, "Ɗana, an ce mini abin wasan nan naku yana ɗaukar komai. Don Allah ka kawo mini in ji dariyarsa, ko sau ɗaya ne."

Telan ya koma shago ya bi bidiyoyin ɗaya bayan ɗaya. Abokinsa yana nan a cikinsu, ga sojan nan mai gudu a karkace, ga shi tsaye a gefensa, ga shi yana faɗuwa inda ko makaho ba zai faɗi ba. Telan ya san daidai inda dariyar take ɓarkewa, har kunnensa yana jiranta, amma lasifika ba ta fitar da komai sai ƙarar harsashi. Ya ɗauki na'urar ya kai wa masu gyara, suka ce masa abin da ba a ɗauka ba babu inda za a tono shi, waɗanda ya goge kuma an daɗe da rubuta wasu a kansu. Ya koma wurin tsohuwa hannu rabbana, ya durƙusa a gabanta. Can sai ya gyara murya ya gwada yin dariyar da bakinsa, ta fito masa rabi dariya rabi kuka. Tsohuwa ta karkata kai ta saurara har ya gama, ta lalubo kafaɗarsa ta dafa, ta ce, "Allah ya yi maka albarka. Amma ba haka yake yi ba."

Ni dai duk sanda na tuna wannan tela sai tausayinsa ya kama ni, don irinsa Hausawa ke nufi da suka ce garin gyaran gira an rasa ido.