Abin da Ƙanƙara Ta Haɗiye

"Torfi, yau ma kai ne?" in ji Katla mai jagora, tana jera baƙinta 'yan yawon buɗe ido a gindin tsaunin ƙanƙara.

Tun farkon bazara dattijon nan yake biyo motarta duk mako. Ɗan Iceland ne kamarta. Ba ya ɗaukar hoto, ba ya sauraron bayani, sai ƙura wa gefen da ke narkewa ido. Hankalinta bai kwanta da shi ba. Yau ta tare shi.

"Tsakani da Allah, me kake nema?"

"Matata," ya ce. "Shekara talatin ke nan, muna hawan tsaunin nan, igiyarmu ta tsinke, matata ta faɗa rami. Yanzu ƙanƙarar tana narkewa, za ta fito da ita. So nake ni in fara ganinta."

Kunya ta rufe Katla.

Wajen saukowa baƙi suka yi gaba. Katla ta hango wani jan abu ya leƙo daga ƙanƙara, ta durƙusa. Tsohuwar igiyar hawan tsauni ce. Ba tsinkewa ta yi ba, yankan wuƙa ne, sumul.

Takun Torfi ya tsaya a bayanta.

"Katla," ya ce a hankali, "me kika gani?"