Mai Masar da Ta Kwashe Duwatsun Murhunta

Ka ce za ka rufe rumfar abincin taka, ka koma sayarwa ta waya kaɗai? To, gyara zama ka ji.

An yi wata mai masa a bakin tashar mota, shekara ashirin da ɗoriya tana suya a gindin wata dalbejiya. Direbobi da 'yan kamasho da masu dako, kowa Inna yake ce mata. Masarta ba ta da wani sirri illa ɗaya, daga tanda sai kwano, ana ci ana hura yatsu. Sai zamani ya juya. Shinkafa ta yi tashin gwauron zabo, man gyaɗa ya zama sai wane da wane, ita kuwa ba ta da idon da za ta ƙara wa ɗan dako kuɗi, don ta san abin da ke aljihunsa. Kullum tanda na kan wuta, riba kuwa sai dai a ji a salansa. Ana nan sai ƙanwarta ta zo da labari, wai yanzu mata a ɗaki suke zaune, su ɗauki hoton abinci su sa a waya, ma'aikatan ofis su turo kuɗi ta banki, mai babur ya kai musu, kuma ba mai neman ragi. Inna ta gwada, abin kuwa ya karɓe ta. Wata guda bai cika ba ta kira mai kura ya kwashe mata komai, har duwatsun murhu. Sarkin tasha ya tare ta, ya ce, "Inna, ki bar ko da duwatsun nan. Kin san al'adarmu, muddin murhun mutum na nan, wurin nasa ne." Ta yi dariya ta ce, "Allah ya bar zumunci, Sarki. Ni dai na huta da rana."

Abin da ta manta, baiwar Allah, masa ba ta son tafiya. Da an kulle ta a roba sai ta yi gumi, kafin babur ya kai ta saki jiki ta yi lakwas. Kuɗin mai ya tashi, mai babur ya ƙara nasa, roba ta ƙara nata, ga katin waya kullum yana cin rabonsa. Su kuwa mutanen waya, ina ruwansu da Inna? Ba su taɓa ganin fuskarta ba, hoto suka gani. Da wani sabon yayi ya fito, gurasa mai nama a naɗe, suka yi can ɗungurungum, ba ko sallama. Wayar ta yi tsit. Kwana uku a jere ƙullu na tsami a roba tana zuba wa awakin maƙwabta. Ran na huɗu ta haɗiye kunya, ta ɗora tanda a ka ta nufi tasha. Tun daga nesa ta hango hayaƙi a gindin dalbejiyar. Wata mata ce daban a zaune tana juya masa, mutanen Inna sun kewaye ta da kwanuka. Ba wanda ya yi mata gori, wallahi da gorin ma ya fi sauƙi. Wani tsohon direba ne ya miƙe ya ba ta bencinsa, ya ce, "A'a, Inna, kwana biyu. A zuba wa Inna masa, ni zan biya." Haka ta zauna baƙuwa a inda ta tsufa, tanda a gefen ƙafarta, tana tura loma hawaye na ɗiga a cikin miya.

Ni ban ce waya mugun abu ba ce, kar ka tashi nan ka ce na faɗa. Riƙe ta da hannu ɗaya, ɗayan ka bar shi a kan rumfarka. Kowa ya bar gida, gida ya bar shi.