Baiti na Tara

Tun da aka kafa dokar goge duk littafin da ya shekara ba a karanta shi da baki ba, Hajiya Tasalla ba ta fashin zuwa ɗakin karatu. Marigayi mijinta, Malam Tanimu, shekara ashirin ya yi yana fassara wata waƙar yaƙi daga harshen Latin, ita take zuwa karantawa.

Bana idanunta sun raunana, sai ta rera da ka.

A baiti na tara na'urar da ke bin karatunta ta yi ƙara.

"Hajiya, kin yi kuskure," in ji ma'aikacin ɗakin. "In kika sake, shi ke nan, za a goge littafin."

Ta yi murmushi. Kalmar da Malam ya fara zaɓa ce ta fito daga bakinta, ita da kanta ta sa shi ya canja. Ta maimaita baitin, ta faɗi tata.