Jan Turke a Gefen Gona

Jan turke ba ya gardama da kowa. Mai awo ya leƙa na'urarsa, ya kafa shi, magana ta ƙare: abin da ke ƙasa da turken na ruwa ne, abin da ke sama ya tsira. Haka aka yi wa mutanen garin bayani tun da wata ƙasa mai nisa ta ce za ta gina musu madatsar ruwa kyauta. Kyautar kuwa za ta haɗiye garin duka.

An kwashe kowa zuwa sababbin gidaje a kan tudu, jere reras kamar kwalayen ashana. Saura tsoho ɗaya. Mako mai zuwa za a rufe ƙofofin madatsar, shi kuma ya ce ko sama da ƙasa za su haɗu ba inda za shi.

Injiniyan masu tallafin ya gaji da aike, ya zo da kansa, mai awo na yi masa tafinta. Karen gidan ya yi wa Injiniya haushi har muryarsa ta dushe, mai awo kuwa ko kallo bai ishe shi ba. Injiniya ya gwara goshi a ƙofar zaure. Mai awo ya sunkuya ya shige.

Tsohon bai shimfiɗa musu tabarma ba.

"Gaya wa maigidanka," ya ce, bai ɗaga ido ba, "gidan ku ɗauka, gonar ma ku ɗauka. Amma matata tana kwance a gefen gona. Tana da rai ban bar ta ta kwana ita kaɗai ba, yanzu ne zan bar wa kifaye ita?"

Injiniya ya daɗe yana zuba: wutar lantarki, noman rani, girbi biyu a shekara. Mai awo ya fassara duka, murya ba hawa ba sauka, kamar mai karanta sanarwa a rediyo. A ƙarshe mai awon ya ce a je a duba turke.

Suka je. Ga kabarin a ƙarƙashin wata bishiya, ga jan turken can ƙasa da shi, ta wajen kogi. Ƙasar gindinsa ɗanya ce. Injiniya, da bai taɓa taka wannan gefen ba, agogonsa yake dubawa.

Tsohon ya dafa turken, ya girgiza shi, ya tako da sandarsa har kabarin, ya koma.

"Kai ka kafa?" ya tambayi mai awo.

"Ni na kafa."

"Da hannunka?"

"Da hannuna."

Sai a lokacin tsohon ya dube shi, ya daɗe yana dubansa. "To," ya ce.

Ya durƙusa ya gaya wa matarsa cewa ruwan ba zai iso ta ba, zai riƙa leƙowa. Kafin rana ta karkata an ɗora shi a babbar mota, shi da karensa da rediyonsa. Injiniya ya girgiza hannun mai awo, ya yaba masa, ya shiga motarsa. Mai awo ya ce zai tsaya ya tattara kayan aiki.

Ya koma gefen gonar. Ya jira ya ji wani abu ya motsa a ƙirjinsa, bai ji komai ba. Ya kama turken ya ja, ya fito ba wuya, da ma da safen nan aka kafa shi. Ya saɓa shi a kafaɗa, ya wuce kabarin, ya yi ta hawa har ya kai wani faffaɗan dutse. Ya ɗaga dutsen, ga tsohon ramin a ƙarƙashi. Ya mayar da turken mazauninsa, ya buga shi ya zauna daram.

Sannan ya gangaro, ya tsuguna, ya cire wata ciyawa da ta fito a kan kabarin.

"Inna, na fitar da Baba," ya ce. "Ke ce na kasa."