Eriyar Jan Ƙarfe

"Baba, ai aikinka daidai yake," in ji 'yarsa da ƙarfi, kamar yadda kowa yake yi masa magana kwanan nan.

Tsohon bai ko kalli wayar da take miƙo masa ba. Shekara arba'in yana gyaran rediyo a kasuwar Gaya, da kunne yake kamo tasha. Kwana uku ke nan da ya naɗa sabuwar eriya, zoben jan ƙarfe mai faɗin faifai, amma ta ƙi kamo komai. 'Yar ta auna zoben, manhajar wayarta ta lissafa girman kafasitar da za ta dace da shi, wato 'yar na'urar da ke daidaita tasha. Ashe wadda ya sa tun farko ce.

"Ƙarya wayar take," ya ce. "Da daidai ne, da rediyon ya yi magana."

Ya ci gaba da murza maɓallin a hankali. Shiru.

Ya ɗago zai yi mata faɗa, sai ya ga leɓunanta suna motsi, idonta yana kan rediyon. Sallamar mai gabatar da shiri a rediyon take amsawa, wadda shi bai ji ba.

Ya daɗe yana kallonta, sannan ya janye hannunsa daga maɓallin.