Telan da Ya Hargitsa Dajin Dodanni

Ku 'ya'yan yanzu ba ku da haƙuri ko na ƙwayar gero. Abu in an jera shi, sai hannunku ya yi ta ƙaiƙayi har sai kun watsar, ku ce wai tsohon tsari ya gundure ku. To, ku kife wayoyin nan ku ba ni kunnenku, don abin da zan faɗa a cikin irin wayar taku ya faru.

An yi wani saurayi tela, shi da wansa su kaɗai uwarsu ta rasu ta bari. Wan ya tafi Kudu yana lodin kaya a bakin teku, ya bar ƙanin da keken ɗinki a wani ɗan shago. Dukansu ba masu magana ba ne. Tun suna yara in an bar su a ɗaki sai ka ɗauka ba kowa. Abu guda ke buɗe musu baki, wani wasa na cikin waya da mutum ke yawo a daji yana kama 'yan dodanni, ya yi kiwonsu har su girma. Ni ban ga amfaninsa ba, amma ko banza yana da tsari. Dodon ruwa a kogi yake, na wuta a gindin dutse, mai fiffike a kan itace. Kuma dajin da ke wayar wan shi ne dajin da ke wayar ƙanin, ko ciyawa ba ta bambanta ba. Duk Juma'a in an sauko daga masallaci wan zai kira: "Auta, ka haye gadar nan kuwa? To leƙa bayan kukar, akwai wani mai kunnen zomo, sai dai gudu gare shi kamar ɓarawon kasuwa." Ƙanin ya leƙa, ya gan shi, su yi ta dariya. Daga nan sai hira ta zame da kanta zuwa ciwon bayan da ke damun wan, da yarinyar da ƙanin ke gani yana kasa gaisarwa, da ɗakin marigayiya tsohuwarsu da ya fara yoyo. Ta dajin nan suke bi su iske juna.

Sai dai kullum wan yana gaba, dodanninsa sun fi girma, abin yana cin ran tela. Ran nan wani mai kawo ɗinki ya ba shi labarin wata aba da suke kira manhaja, wadda masu son wasan suka ƙera da kansu. In ka sa ta, sai ta kwashe dodannin kaf, ta girgiza su kamar wake a ƙwarya, ta watsa, kowane ya zauna inda ya faɗi. Mutumin bai ɓoye masa komai ba. Ya ce masu yin haka sai sun gama wasan tukuna, kuma sukan ajiye na asalin a gefe. Tela bai gama ba, bai ajiye komai ba, bai kuma shawarci wansa ba. Ya danna kawai. A ciyawar ƙofar gari, inda da sai 'yan ɓeraye, ya ci karo da wani ƙaton dodo mai aman wuta wanda ko wansa bai taɓa gani ba. Ya kama shi. Ranar yini ya yi yana murmushi a kan keke, har ya ɗinka wa mutane hannun riga a baibai.

Juma'a ta zagayo, wan ya kira: "Auta, maza bakin kogi, kifin nan mai gemu ya fito." Tela ya je. Babu kifi, wani abu ne mai kama da murhu zaune cikin ruwa. Ya ce, "Na gan shi, Yaya." Wan ya ce, "Gemun wane launi ne?" Da tela ya ga ba mafita sai ya faɗi abin da ya yi, har da ɗan alfahari, wai yanzu dodonsa ya fi na kowa. Wan bai yi faɗa ba. Cewa ya yi, "To, Allah ya sa albarka. Ashe ni kaɗai nake ta surutu a dajin."

Tun daga ranar wan ba shi da hanyar da zai nuna, don ba irin dajin ƙaninsa a duk duniya. Ƙanin kuma in ya ba da labarin abin da ya kama, kamar mai faɗin mafarki yake, mai sauraro sai dai ya ce "to". Kira ya koma "Ya aiki?" da "Mun gode Allah", sai numfashi, sai a kashe. Ba a ƙara zancen ciwon baya ba, ba a ƙara zancen yarinya ba. Daga Juma'a-Juma'a aka koma wata-wata, daga nan sai Salla.

Tela ya nemi mayar da dajin yadda yake, ya tarar manhajar watsawa kawai ta iya. Ya goge komai har da ƙaton dodon, ya sauko da wasan na asali, ya sake farawa daga ƙofar gari, yana sauri ya cim ma wansa. Kafin ya kai gadar, wan ya cire wasan daga wayarsa, tunda ba wanda zai riƙa gaya wa. Ranar da ciwon bayan nan ya kwantar da shi a asibiti, a bakin wani direban babbar mota ƙanin ya ji, bayan har an sallame shi.

Yanzu in an sauko Juma'a tela yakan koma shago ya jingina wayar a jikin keke. A cikin wasan yana nan tsaye bayan kukar, mai kunnen zomo yana wucewa ta gabansa a guje, shi kuwa ba ya ko kama shi, kira yake jira.

Shi ya sa Hausawa suka ce garin neman gira aka rasa ido.