Ajin da Iska Ta Yaye

Ranar da ta gaji da rubuta wa hukuma takarda kan ajin da iska ta yaye wa rufi, shugabar makarantar ta sa aka fitar da teburinta. 'Yan aji ɗaya, 'ya'yan leburori da masu wankau, suka shiga ofishinta suna taka kafet a hankali kamar a mafarki, suna ɗaga kai suna kallon fanka.

Da sufeto ya zo, cikin kangon ajin ya same ta, gizagizai na wucewa ta samanta.

Ya ce, "Malama, mu je ofis mu yi magana."

Ta jawo masa kujera, daidai lokacin da aka fara yayyafi.

"Ranka ya daɗe, ai kana ciki. Zauna."